Hannun Miya, Hannun Kiɗa

Gwaggona ta Ajingi ita ake aikawa a ɗauko duk sa'ad da aka yi sha'ani a dangi. Ranar suna ta yi taushe da kabewa da gyaɗa, ranar sadakar uku ta kaɗa kuka ba ƙarin komai, in kuwa mai jego ce sai kunun kanwa da yaji. Murhu ɗaya, muciya ɗaya, daddawar ma daga kasuwar Gaya take saye, amma ba ta taɓa kai wa gidan makoki miyar biki ba.

Ita nake tunawa in na ji aikin Ennio Morricone, ɗan Italiya da ya rasu a 2020 bayan ya yi wa finafinai sama da 400 kiɗa. A fim ɗin kaboyi na 1966, The Good, the Bad and the Ugly, fito da baki ya sa, da wata murya mai kama da kukan dila, har ka ji ƙurar sahara a maƙogwaro. A The Mission na 1986 kuwa busa ɗaya ce siririya, mai sa mutum ya sunkuyar da kai. Wanda bai sani ba zai rantse mutum biyu ne. Sai ka daɗe kana saurare kafin ka gane ɗanɗanon hannun, kamar yadda muke gane miyar Gwaggo ko a kwanon wa aka zubo ta.

Mu ma muna da masu hannu. A zamanin fim ɗin Sangaya, samarin Kano sun zauna gaban fiyanon Yamaha a ɗakunan kiɗa irin na Iyan-Tama, suka sa shi ya yi muryar kalangu da sarewa. Ba ƙaramin aiki ba ne. Sai dai waƙar rawa muka ɗauka nama, ita ake ta yabo, mawaƙi ake sani. Kiɗan da ke bin labari a ƙasa, wanda shi ne gishirin, sau da yawa ba a auna shi. Na sha zama a gidan kallo a Gaya ina jin sauti guda ana bin jana'iza da shi, an jima a raka amarya da shi, kuma da ƙarfin da ke danne maganar 'yan wasa.

Gwaggo kan ɗiga miya a tafin hannu ta lasa, ta yi shiru, sannan ta tambayi wa za a kai wa.