Sunan Joji: Asalinsa da Ma'anarsa

A wannan takarda za mu duba sunan nan Joji, wanda Hausawa suka saba ji tun zamanin Sarki Joji na Biyar, da ya hau gadon sarautar Ingila a 1910. Asalin sunan Girkanci ne, ma'anarsa kuwa manomi. Bai yaɗu sosai a Ingila ba sai bayan 1714, da Joji na Farko ya samu sarauta. A ƙasar Anka da Gummi da Bukkuyum muna da takwaransa, wato Nomau, laƙabin yaron da aka haifa lokacin noma. Ashe ke nan masu amsa suna su ke ɗaukaka shi. Saboda haka bai kamata mu raina sunayenmu na gargajiya ba.