Yadda Littafin Da Aka Fassara A Zariya Ya Iso Ƙasar Keffi

Duk wanda ya shiga majami'a ranar Lahadi a ƙauyukan ƙasar Keffi, kamar su Agwada, zai tarar sau da yawa ana karatu da waƙa da Hausa, alhali kuwa masu ibadar kowa da harshen da ya gada. To, asalin wannan al'amari yana can Zariya.

A shekarar 1900 wata ƙungiya ta Turawan Mishan na C.M.S., bisa jagorancin Bishop Tugwell, ta isa Kano, amma Sarki Alu bai yarda su zauna ba. Cikinsu akwai Likita Walter Miller, wanda Hausawa ke kira Likita Mila. Shi ne ya sami izinin zama a birnin Zazzau a 1905, ya buɗe makaranta da ɗakin magani.

A 1913 waɗansu mutane da ake kira Isawa suka neme shi. Su almajiran wani Malam Ibrahim ne, wanda aka kashe a Kano cikin ƙarni na 19 saboda wa'azinsa game da Annabi Isa. Aka kafa musu gari a Gimi, sai ciwon barci ya yi musu mummunar ɓarna. A 1929 Mishan ya koma Wusasa, inda Dokta R.A.B. Dikko da Farfesa Ishaya Audu da Janar Yakubu Gowon suka yi wayo.

Amma babban abin da Likita Mila da abokan aikinsa suka bari shi ne Littafi Mai Tsarki na Hausa, wanda aka buga a 1932. Irin wannan aiki an riga an yi shi a kudancin Indiya, inda wani Bajamushe mai suna Ziegenbalg ya sauka Tranquebar a 1706, ya juya Sabon Alkawari zuwa harshen Tamil. Sai dai can masu harshen ne suka riƙe littafin. A nan kuwa Hausawan da suka karɓi Kiristanci kaɗan ne, sai ga Eggon da Mada da sauran ƙabilu sun rungumi fassarar, domin Hausa ce harshen kasuwa.

Saboda haka Hausar da Musulmi ke tafsiri da ita, da ita Kirista ke wa'azi. Masu neman zaman lafiya a Jihar Nasarawa ya kamata su riƙa tunawa da wannan gado.