Jean Rouch da Matsayin Harshe a Finafinan Ƙasar Nijar

1.0 Gabatarwa

Wannan maƙala ta dubi rayuwar Jean Rouch, Bafaranshe maɗaukin hoton majigi wanda ya shafe fiye da shekara 60 yana hulɗa da jama'ar Nijar. Manufarta ita ce nuna yadda matsalar harshe ta dabaibaye ayyukansa, wato wane ne ke magana a cikin fim, kuma da wane harshe.

2.0 Rayuwarsa

An haifi Rouch a birnin Faris a shekarar 1917. Ya fara zuwa Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi, inda ya haɗu da Damouré Zika, wanda ya zama abokin aikinsa na tsawon rai. Daga 1946 zuwa 1947, shi da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, suka bi Kogin Kwara cikin kwalekwale daga mafarinsa har teku. A wannan tafiya ne ya rasa ƙafafun da ake girke kyamara a kansu, sai ya koma riƙe ta da hannu. Wannan larura ta zama salonsa, domin ta ba shi damar kutsawa cikin taro, ya bi masu rawa duk inda suka juya. Ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni ranar 18 ga Fabrairu, 2004, aka binne shi a Yamai.

3.0 Kalmar Hauka

Fim ɗinsa da ya fi jawo ce-ce-ku-ce shi ne Les Maîtres fous na 1955. An ɗauke shi a kewayen Ankara, cikin 'yan ci-rani daga Nijar mabiya tsafin Hauka, wanda ya ɓulla a yankin Filinge wajen 1925. Iskokinsa sukan zo ne a sifar Turawan mulki, kamar gwamna da hafsoshin soja. Sunan kansa kalmar Hausa ce, kuma ma'anarta ta taɓin hankali ce ta bayyana a sunan fim ɗin da Faransanci. Mai kallon da bai san bori ba zai ɗauka mahaukata yake gani, alhali kuwa 'yan tsafin leburori ne da ma'aikata masu cikakken hankali, kamar yadda ƙarshen fim ɗin ya nuna. Gwamnatin Ingila ta hana nuna shi a ƙasar da ake kira Gana a yau.

4.0 Murya da Fassara

Kyamarar wancan zamani ba ta ɗaukar hoto da murya tare, saboda haka muryar Rouch ce ke fassara komai da Faransanci. A 1965 Ousmane Sembène ya zarge shi da kallon 'yan Afirka tamkar ƙwari. Amma Rouch ya nemi mafita tun kafin nan. A 1954 ya nuna wa masuntan Ayorou fim ɗin farautar dorina da ya ɗauka a wurinsu. Suka ƙi amincewa da kiɗan da ya sanya, suka ce kiɗa ƙarfafa wa dorina gwiwa yake yi, shi kuwa ya cire shi. A fim ɗin Moi, un noir na 1958, ya bar Oumarou Ganda, ɗan dako a tashar jiragen ruwan Abijan, ya ba da labari da bakinsa, ko da yake da Faransanci ne.

5.0 Kammalawa

Ganda ya zama mai shirya fim na kansa, ya yi aiki da Zabarmanci, har fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a Wagadugu a 1972. Ke nan Rouch ya buɗe ƙofa ne kawai, 'yan ƙasa ne suka shigar da harshen gida. Abin da ya rage ga manazarta shi ne su koma ga waɗannan finafinai, su rubuta kirari da maganganun da ke ƙarƙashin muryar mai fassara, su auna su da fassarar da aka yi musu.