GWANAYEN DARAR CES: ABIN DA YARAN KAGARKO ZA SU KOYA DAGA GARE SU

Duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa ya san dara. Gurbi 30 ake tonawa a ƙasa, kowane ɗan wasa ya riƙe 'ya'ya 12, wanda ya jera uku a layi ɗaya ya cire ɗan abokin karawarsa. To, akwai wata irin dara wadda Turawa ke kira ces, Larabawa kuma shaɗaranj, wadda a yau ake yin gasarta tsakanin ƙasashen duniya, har mutum ya ci abinci da ita, ya kuma yi suna. Mun ga ya kyautu mu kawo wa masu karatu labarin waɗansu gwanayenta, musamman iyaye da malaman makaranta na Kagarko da Jere da Kafancan, domin akwai abin lura a ciki.

Asalin wasan daga ƙasar Indiya yake, wajen ƙarni na 6, daga nan ya shiga Farisa, Larabawa suka ɗauka suka kai shi Turai. Ba baƙo ba ne a ƙasarmu, gama mutanen Borno suna da irin nasu tun dā, wanda suke kira tsatsarandi. Faifan wasan yana da gida 64, kowane ɓangare yana da 'ya'ya 16, watau sarki, da sarauniya, da doki biyu, da giwa biyu, da soro biyu, da dakaru takwas. Wanda ya tsare sarkin abokin karawarsa har ya rasa gidan gudu, shi ya ci. A 1924 aka kafa hukumar wasan ta duniya, FIDE, a birnin Paris na Faransa, ta Nijeriya kuwa aka kafa ta a 1975, Dokta Sylvanus Ebigwei ne shugabanta na farko.

Cikin zakarun duniya babu wanda ya kai Emanuel Lasker na Jamus daɗewa bisa sarautar wasan, don shekara 27 ya yi yana riƙe da ita, daga 1894 zuwa 1921. A 1972 Bobby Fischer na Amurka ya ka da Boris Spassky na Tarayyar Sobiyet a Reykjavik, a lokacin da ƙasashen biyu ke zaman doya da manja. Amma da aka nemi ya kare kambinsa a 1975, sai suka saɓa da hukuma a kan ƙa'idodin karawar, ya ƙi fitowa, aka naɗa Anatoly Karpov ba tare da an ɗaga ko ɗa ɗaya ba. Shi kuma Karpov ya gamu da nasa a hannun Garry Kasparov. Sun fara karawa a Mosko cikin Satumban 1984, suka yi wasa 48, guda 40 duk kunnen doki, har hukuma ta dakatar da su a Fabrairun 1985 ba wanda ya yi nasara. Da aka sake sabon lale, Kasparov ya ci a Nuwamban wannan shekara yana ɗan shekara 22. A Disamban 2024 kuma wani yaro Ba'indiye, Gukesh Dommaraju, ya ka da Ding Liren na ƙasar Sin a Singafo yana da shekara 18 kacal.

Kada mai karatu ya ce wannan sha'anin mutanen nesa ne. A 1998, wajen babbar gasar ƙasashen duniya da aka yi a Elista ta ƙasar Rasha, ɗan Nijeriya Odion Aikhoje ya karɓi lambar zinariya a tebur na biyu. A 2009 Amon Simutowe na Zambiya ya sami matsayin babban gwani, watau matsayi mafi girma da FIDE ke bayarwa, shi ne na farko daga ƙasashen Afirka na kudu da Sahara.

Har wa yau akwai Tunde Onakoya, ɗan talakawa wanda ya tashi a Ikorodu ta Jihar Legas, ya kuma koyi wasan a shagon wani mai aski. A 2018 ya kafa ƙungiyar koya wa yaran unguwannin marasa galihu wannan dara, yana nema musu hanyar shiga makaranta. Cikin Afrilun 2024 ya zauna a dandalin Times Square na birnin New York ya yi awa 60 yana wasa don tara kuɗin karatun yara. Ya koma a Afrilun 2025 tare da abokinsa Shawn Martinez suka yi awa 64, littafin bajinta na Guinness ya shaida musu.

Labarin da ya fi kusa da mutanen Kagarko kuwa shi ne na Tanitoluwa Adewumi, domin daga Abuja, wadda ke iyaka da ƙaramar hukumarsu, iyayensa suka tashi a 2017 saboda barazanar 'yan Boko Haram. A gidan da ake sauke marasa muhalli suka zauna a New York. A makarantar firamare ya koyi wasan ces, bayan kamar shekara ɗaya da farawarsa, cikin Maris na 2019, ya cinye gasar Jihar New York ta yara tsaransa yana da shekara 8. A 2021 ya sami matsayin gwani na ƙasar Amurka yana ɗan shekara 10.

Abin lura a nan shi ne, yaron nan ba a Amurka ya samo ƙwaƙwalwarsa ba, da ita ya tafi. Abin da ya tarar a can malami ne da faifai da gasa. Yara masu irin kaifin hankalinsa suna nan cikin Koro da Gwari da Hausawa da Fulani na ƙasar Kagarko, suna taya iyayensu noman citta, ba wanda ya gwada su. Wasan kuwa ba ya bukatar fili ko takalma ko lantarki. Kafinta na kasuwa zai iya sassaƙa faifan da 'ya'yansa. Yana koya wa yaro haƙuri, da duba ƙarshen al'amari kafin ya miƙa hannu, da karɓar kaye ba tare da faɗa ba. Bugu da ƙari, a wannan yanki na kudancin Jihar Kaduna da ya sha fama da rikici, ba ƙaramin abu ba ne yaron wannan ƙabila ya zauna gaba da gaba da na waccan, su gama su yi musafaha.

Saboda haka muna kira ga hukumar ilmi ta ƙaramar hukumar Kagarko, da sarakuna, da ƙungiyoyin iyaye da malamai, su sa faifai ko da biyu ne a kowace makaranta, a shirya gasa sau ɗaya a zangon karatu. Kada kuma a yar da darar gida, a haɗa su biyun, dattawan da suka gwane a kanta su koya wa jikokinsu. Da ma Hausawa sun ce icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Allah ya sa a ji, amin.