3.4 Saɓani Tsakanin Ƙungiyoyin Gama Kai da Masu Ɗaukar Ma'aikata

A ƙananan hukumomin Ikara, Maƙarfi da Kudan, ƙungiyoyin adashi da lamuni na ma'aikata sun dogara ne kan yarjejeniyar cire bashi daga albashi. Saɓani yakan taso ta fuska uku. Na farko, a cire kuɗin amma a ƙi miƙa wa ƙungiya. Na biyu, a sallami ma'aikaci da sauran bashi a kansa, kamar yadda korar malaman firamare fiye da 21,000 a Jihar Kaduna a 2017 ta nuna girman haɗarin. Na uku, sashe na 5 na Dokar Ƙwadago ta 1974 ya hana cire fiye da sulusin albashin wata daga ma'aikacin da dokar ta shafa.

Dokar Ƙungiyoyin Gama Kai ta 1993 ta ɗora wa Daraktan Gama Kai sasanta rikicin ƙungiya da 'ya'yanta. Sai dai mai ɗaukar ma'aikata ba ɗan ƙungiya ba ne, don haka sai an kai shi kotu. A nan, rubutacciyar yardar ma'aikaci ita ce babbar hujjar ƙungiya.