Tsibiran Kogin Kwara

Yaran ƙasar Zagga da Bagudo duk sun san Kogin Kwara. Daga duwatsun ƙasar Gini ya taso, ya ratsa Mali da Nijar, ya bi iyakar Benin, sa'an nan ya shigo Jihar Kebbi. Tsawonsa ya kai wajen mil 2,600. A wurare da yawa kogin yakan rabu biyu, ya kewaye tudu, ya sake haɗewa. Irin wannan tudu shi ake kira tsibiri, ko gungu. Akwai su da yawa wajen Yawuri, mazaunansu kuwa su ne Gungawa, waɗanda ke kiran kansu Reshe. Manoma ne da masunta, sun kuma yi suna wajen noman albasa.

Abin mamaki a nan shi ne kogin yana cika sau biyu a shekara. Cikar farko da damina ce, ruwan yakan zo da laka, ana ce da shi farin ruwa. Ta biyu kuwa da ɗari take zuwa, lokacin da ko ɗigo ba ya sauka daga sama. Wannan ruwan Gini ne. Yakan daɗe cikin manyan fadamun Mali, lakarsa ta kwanta, ya iso nan garau bayan watanni. Shi ake kira baƙin ruwa. In ruwa ya janye, sai ya bar ƙasa mai taushi a bakin tsibirai, mutane su yi shuka.

Babbar dabbar wurin ita ce dorina. Da rana tana cikin ruwa, ba a ganin komai nata sai idanu da kunnuwa da hanci. Da dare takan fito kiwo, wani lokaci ta ɓarnata gonar shinkafa. Idan tana da ɗa, mai kwalekwale ya yi nesa da ita.

Akwai kuma ayu. Ko da yake cikin ruwa yake zaune, ba kifi ba ne, gama iska yake shaƙa, ciyawa yake ci, macen kuma tana shayar da ɗanta nono. Kada yakan kwanta bisa rairayi yana shan hantsi. Cikin kifaye ba kamar giwan ruwa, wadda kan fi ƙaton mutum nauyi. Ga ɗinya da balbela. Da hunturu waɗansu tsuntsaye sukan ƙetaro Hamada tun daga Turai, su koma in zafi ya gabato.

A 1968 aka gama madatsar Kainji. Ruwa ya taru ya zama tafki, ya shanye tsibirai da yawa, har da babban tsibirin Foge. Aka tashi mutane fiye da 40,000, aka gina musu sababbin garuruwa.

To, yara, dorina da ayu sun ragu ƙwarai saboda farauta. Ayu ɗa ɗaya take haifa, bayan ta yi kamar shekara guda da ciki, saboda haka in an kashe ɗaya, a daɗe ba a mayar da gurbinsa ba. Doka ta hana kashe shi. In muka bari ya ƙare, jikokinmu sai dai su ji sunansa a tatsuniya.

Tambayoyi
1. Mene ne gungu?
2. Me ya sa baƙin ruwa ke zuwa da ɗari?
3. Ta yaya muka san ayu ba kifi ba ne?