Tayimin bel ba ya kuka kafin ya tsinke

Direban Golf da ke lodi tsakanin Karaye da Rogo ya san kukan fanbel kamar yadda ya san muryar ɗan kamasho. Da safe in ya tayar da mota ya ji tsuwa a ƙarƙashin bonet, ya san bel ɗin da ke juya altaneta ya saki, sai ya biya ta gareji a ɗaure shi. Ko ya tsinke a hanya, fitilar batir ce za ta kama, a gangara gefen titi a sa wani. Wannan sabo shi ne ya sa ake yi wa ɗan'uwansa na ciki, tayimin bel, irin wannan kallo, ana jira ya yi kuka tukuna. Shi kuwa a ɓoye yake cikin murfi, kuma sau da yawa tsinkewarsa ita ce sanarwarsa ta farko.

Bel ne mai haƙora da ya haɗa kiranshaf na ƙasa da kamshaf na sama. Duk juyi biyu na kiranshaf, kamshaf ya yi ɗaya, ta haka bawul ke buɗewa ya rufe daidai lokacin da fistan ya kauce masa. In allura tana kan juyi 3,000 a minti, kowane bawul yana buɗewa sau 25 a daƙiƙa guda. A injina da yawa, irin na Peugeot 406, bawul da fistan wuri ɗaya suke shiga, lokaci ne kawai ya raba su. Da bel ya tsinke, kamshaf ya tsaya cak, fistan kuma bai san an tsaya ba, sai ya doki bawul ya lanƙwashe shi. Daga nan sai sauke kan inji, sai tafiya Ƙofar Ruwa a Kano neman kaya, mota na kwance kwana da kwanaki alhali masara da rake na jiran ɗauka.

Kamfanonin mota kan ce a canza shi tsakanin kilomita 60,000 zuwa 100,000, ko bayan shekara huɗu zuwa biyar, duk wanda ya riga. A ƙasar nan shekarun ya kamata a fi riƙewa. Golf 3 an ƙera ta ne daga 1991, ta wuce hannu da yawa kafin ta iso, kuma mitarta ko ta mutu ko an taɓa ta. Robar bel kuma zafin bazara na busar da ita, ƙurar hunturu na cin ta idan murfin ya ɓata, baƙin mai da ke tsiyaya daga sil yana ruɓar da ita. Don haka wanda ya sayi mota ya canza bel a makon farko, ya sa a rubuta ranar da fenti a jikin murfi.

Mai mota zai ce bel ɗin da bai yi laifi ba, don me za a cire shi ana fama da kuɗin fetur? Magana ce mai nauyi, amma kuɗin bel ɗan kaɗan ne a kan na bawul da gasket da aikin makanike. Wani kuma zai ce gara na Beljiyam da sabon jabu. Jabun na nan, gaskiya ne, sai dai ƙarfe ne ke amfana da zama na Beljiyam. Tsohuwar roba ba wanda ya san shekarunta. In an buɗe, a haɗa da tanshina, a 406 kuma har da famfon ruwa, tunda bel ɗin ne ke juya shi kuma in ya cije tare za su tafi.

Masu Corolla mai injin 1ZZ, wanda Toyota ta fara sa wa tun wajen 1998, sukan bugi ƙirji su ce tasu sarƙa ce. Haka ne, ba ta da wa'adi irin na bel. Amma cikin baƙin mai take wanka, kuma ƙarfin man ne ke tura tanshinarta. Wanda ke jinkirta juye, ko yake ciko da man da ake aunawa a kwalba, sarƙarsa za ta miƙe. Ita tana gargaɗi: ƙarar kacar-kacar na 'yan daƙiƙu da sanyin safiya, kafin mai ya hau.